Ranar da Jikan Mama Ngozi Ya Fito a Babban Allona

Ku yaran yanzu, in kuka shigo gidan kallona kuka tarar da ni a kan kujerar roba da rimot a hannu, sai ku ce Malam Habu ya samu sana'ar hutu. Wani a cikinku ma ya taɓa ce mini wai in ya samu talabijin biyu da 'yan bencina, gobe zai buɗe nasa. Na ce Allah ya ba da sa'a. To tunda yau babu wasa sai an jima, ku gyara zama ku ji abin da ke cikin wannan sana'a.

Aikina na farko a kan rufin wani gida na yi shi a Fagge, bayan layin masu atamfa. Maigidana Alhaji Rasaki, Allah ya jiƙansa, Bayerabe ne haifaffen Fagge, kuma shi ya koya wa da yawa daga masu ɗaura dish na garin nan aiki. Dish na lokacin na raga ne, faɗinsa ya kusa ɗaki, sai ƙarti sun taru suke ɗaga shi. Ni ina sama da sifana, kwano ya ɗau rana yana gasa mini tafin ƙafa, shi kuma yana ƙasa gaban talabijin, ya leƙo da kai ta taga.

"Habu, dama! Kaɗan! Na ce kaɗan, ka kai mu Indiya!"

Sai in dawo da shi da kaurin farce.

"Tsaya nan! Ko numfashi kada ka yi!"

A haka zan ɗaure noti, gumi na shiga ido, ba halin sharewa. In hannu ya goce, an koma farko.

Da ya ga na iya kamo hoto, sai ya ɗora ni a kan gidan kallonsa. Ranar farko ya miƙo mini alli ya ce in rubuta wasannin mako a allon ƙofa. Na rubuta tsaf, har da ado. Ya duba ya ce, "Rubutu ya yi kyau. Ƙarfe nawa ne yanzu a Ingila?" A nan ya koya mini cewa mai gidan kallo da agogo biyu yake yawo, ɗaya a hannu, ɗaya a ka. Turawa suna tura agogonsu gaba da baya sau biyu a shekara, mu namu yana nan inda yake. Da sanyi muna gaban Ingila da awa guda, da bazara mu yi daidai. Wanda bai san wannan ba zai rubuta ƙarfe huɗu a allo, mutane su zo su tarar an tafi hutun rabin lokaci, ranar kuwa har kakansa sai an ambata.

Da na buɗe nawa a nan bakin Sabon Gari, sauran darasin masu kallo ne suka koya mini. Dogaye a baya, gajeru a gaba. Magoya bayan ƙungiyoyin da ba sa ga maciji da juna, ka raba musu benci, ka sa wani dattijo a tsakiya. Kada ka kuskura ka taɓa rimot ana shirin bugun fanareti, ko da rigarka ce ta kama da wuta. Janareto kuma ka san tarinsa kamar yadda ka san na ɗanka, ka wanke fulogi tun da safe. Sannan abin da ba ku sani ba: talabijin nawa ne a ɗakin ba shi ne magana ba, lasifika ɗaya ce. Wasan da aka ba wa babban allo da sauti shi ne wasan gidan, sauran duk 'yan rakiya ne. Rabin rigimar da na raba a rayuwata a kan sauti ne.

Shekarar korona ce ta kusa tashin mu. Aka ce a rufe, muka rufe. Da na buɗe ƙofa bayan watanni, gara ta cinye ƙafafun bencina, ɓera ya yi gida a cikin lasifika. Abin da ya riƙe ni shi ne tsohon aikina, domin kowa yana zaune a gida yana son dish, sai na koma hawa rufi da furfurata. Da aka sake mu kuma, rabin samarin sun saba da kallo a waya, ga man fetur ya zo ya yi tashin da kuka sani. Aka wayi gari yammacin Lahadi kaɗai ke riƙe da gidan nan. In na rasa Lahadi, na rasa mako.

A wannan hali ne wata Litinin cikin Janairu, da azahar, Mama Ngozi ta shigo. Duk wanda ya san kasuwar Sabon Gari ya san ta, tana sayar da garin rogo da busasshen kifi tun ina yaro. A Kano aka haife ta, Hausarta ta fi ta wasunku. Ɗanta Obinna sa'ana ne, tare muke zama a bencin Alhaji Rasaki kafin ya tafi karatu Amurka ya zauna can.

"Habu, kana kama Amurka?"

"Mama, duk abin da aka ɗora a sama ina kamowa. Me ake yi a Amurkar?"

"Jikana Chidi zai buga ƙwallo ranar Lahadi. Babban wasa. Ina so in gan shi a wancan," ta nuna babban allo da sandarta. "A waya ba na ganin komai sai tururuwa."

Bala yana bakin ƙofa yana goge adaidaita sahunsa. Bala shi ne uban 'yan bencin gaba, inda ya juya nan samari talatin suke juyawa. Ya leƙo yana dariya.

"Mama, wane kulob? Ni tun ina ɗan firamare nake kallon ƙwallo, ban taɓa jin wani Chidi ba."

"Haka matan kasuwa suke ce mini," in ji ta. "Shekara biyu ina faɗa, suna cewa to, to, Mama. Na san abin da to ɗin nan take nufi. Shi ya sa zan zo da su."

Ta juyo gare ni. "Obinna ya ce ƙarfe ɗaya na rana. Ina fitowa daga coci zan wuto."

Na ce, "Mama, ɗayan wa? Tamu ko tasu?"

Ta ce ɗaya ai ɗaya ce. Na roƙe ta ta kira shi. Ya ɗauka da muryar wanda bai daɗe da tashi ba, ya ce su yanzu bakwai na safe ta yi. Da ya ji ni ne, sai Hausarsa ta dawo gaba ɗaya.

"Habu na Alhaji Rasaki? Har yanzu kana hawa kwanon mutane?"

Muka yi dariya, sannan ya yi mini bayani. Ba ƙwallon ƙafarmu ba ce, tasu ce ta Amurka. An gama wasannin shekara, an shiga zagayen sili ɗaya ƙwale, wanda aka ci ya tattara kayansa sai baɗi. Ya ce yaron mai tsaron baya ne, lamba hamsin da huɗu, koriyar riga. Sai ya rage murya ya ce, "Habu, ba ya cikin masu farawa. Zai iya shiga, zai iya ƙarewa a benci. Na kasa gaya mata."

Na lissafa a kaina: suna bakwai na safe muna ɗaya na rana, awa shida ke nan. Ɗayarsu ta rana ita ce bakwai ɗinmu ta yamma. Bakwai na yammacin Lahadi, lokacin da wasan Ingila ke kan ganiyarsa, ga na Sifen yana tafe ƙarfe tara. Na dubi Bala, na dubi tsohuwar nan. Na ce, "Mama, ki je cocinki, ki ci abinci, ki yi barcin rana. Bayan magariba ki zo."

Aikin makon nan ba ƙarami ba ne. Tashar da ke nuna wasan ba ta cikin waɗanda nake biya, sai da na ƙara kuɗin dikoda. Da ta buɗe, kullum da hantsi in kulle ƙofa in zauna ina kallon maimaicin tsofaffin wasanni, don bai kamata mai gida ya nuna abin da in an tambaye shi zai yi zuru ba. Ranar farko kaina ya yi ciwo. Ƙwallon kamar gwanda, a hannu ake ɗaukarta. Mutanen sun sha sulke da hular kwano. A jeru, a durƙusa, a yi karo kamar raguna, a busa usur, a tashi, a sake jeruwa. Sai a rana ta uku na gano bakin zaren. Mai ƙwallo dama huɗu ake ba shi ya ci gaba da kamar taku goma. In ya kai, a sabunta masa huɗun. In ya kasa, ƙwallo ta koma hannun abokan gaba. Akwai wani layi rawaya da ke fitowa a fili, shi ne iyakar da ake nema. Na ɗauka fenti ne, har ina mamakin mai shafa shi da gogewa da sauri haka, ashe masu talabijin ne ke zana shi don mu. Wanda ya riƙe layin nan ya riƙe wasan.

Abu biyu kuma na koya da suka shafi sana'a. Agogon wasan awa ɗaya ne, amma tsayawa da talla suna ja shi ya wuce awa uku, don haka man da ke isar wasan Ingila biyu shi za ka tanada. Na biyu, wasannin ranar a jere suke. Na farko bakwai ɗinmu, na biyu wajen goma da rabi, na ƙarshe kuwa sai biyun dare ta gota. Su suna kiransa wasan Lahadi, alhali a Kano Litinin ta riga ta shiga. Na gode wa Allah da na jikan Mama ya faɗo a na farko.

Saura Bala. Ranar Asabar na kira shi gefe na ce gobe da bakwai babban allo da sauti na Mama ne, ƙarshen wasan Ingila a ƙaramar talabijin za a ƙarasa.

"Malam Habu, wasa kake. An buɗe sabon gida wajen Bata, har da kujerun soso. Kalma ɗaya zan yi yaran nan su bi ni."

"Na sani. Lahadi ɗaya nake roƙo. Matar nan ta ba ni garin rogo kyauta ina ɗan makaranta, kai ma uwarka a wurinta take sayen kifi."

Ya kaɗa makullin adaidaitarsa. Can ya ce, "Za mu tsaya. Amma in tara ta yi ba mu ga jikan nan ba, a mayar mana da sautinmu."

Ranar Lahadi ana sallame magariba sai ga adaidaita biyu sun tsaya. Mama Ngozi ta fito da ɗaurin ɗankwali kamar za ta biki, matan kasuwa biyar a bayanta, da kuloli manya na dafa-duka. Ta tsaya a ƙofa ta ɗaga murya: "Naman daga wurin Malam Ado mahauci ne, kowa ya ci!" Na jera musu kujerun roba a gaba. Tun kafin bakwai na sauke gidan daga wutar gari na ɗora shi a kan janareto, ko da yake akwai wuta. Ranar da ba ka son hoto ya ƙifta, kada ka jira sai an ɗauke.

Bakwai na yi na juya tasha. Bencin baya suka yi gunaguni, Bala ya ɗaga hannu suka yi shiru. Da aka yi karon farko kuwa, ɗakin ya fashe da dariya.

"Wannan dambe ne ko kokawa?"

"Alƙali, jan kati! Ya kashe shi!"

"Malam Habu, ina golan?"

Na tsaya gefen allo da sanda kamar malamin makaranta, ina nuna musu layin rawaya. Mama kuwa duk wanda ya gilma da koriyar riga sai ta dafa ta kusa da ita ta ce, "Shi ne wancan?" Kowa fuskarsa a cikin kwano, kowa ƙato. Muka fita muka yi sallar isha'i muka dawo, ƙwallo ba ta yi nisan kirki daga inda muka bar ta ba. Aka tafi hutun rabin lokaci, hamsin da huɗu bai fito ba.

"Mama," in ji wani daga baya, "ko shi ne mai raba ruwan nan?"

Aka yi dariya. Ita ba ta yi ba. Ta gyara ɗankwali ta zuba wa allo ido, ta daina tambaya. Ɗaya daga cikin matan ta yi hamma ta duba agogo. Ni kuma ina kallon nawa, tara saura kaɗan. Ana cikin haka aka ɗauke wutar unguwa, waje ya yi duhu, aka ji ihun gidajen maƙwabta. Allona ko motsi bai yi ba.

Tara ta yi, aka fara wasan Sifen a ƙaramar talabijin. Samari suka fara kiran sauti. Na dubi Bala, don alkawari alkawari ne. Sai na ga ko kallona ba ya yi. Ya tsuguna a gaban benci yana yi wa na kusa da shi bayani da hannu: "Dama ta uku ke nan, ka gane? In ba su kai rawayan nan ba sun shiga uku." Wani ya taɓa shi ya ce sauti fa. Ya ce, "Dalla bari, ana abu."

Jim kaɗan wani mai koriyar riga ya faɗi ya riƙe gwiwa, aka fitar da shi yana ɗingishi. Wani ya shigo a guje yana ɗaure igiyar hula. Bala ne ya fara gani. Ya miƙe tsaye har benci ya kife.

"Hamsin da huɗu! Mama, ga shi! Wallahi ga shi nan!"

Aka jeru, aka durƙusa. Mai jefa ƙwallon abokan gaba ya karɓa ya ja da baya yana neman wanda zai jefa wa. Yaron nan ya zagayo ta gefe, ya ture wani ƙato kamar labule, ya rungumi mai jefawar ya kai shi ƙasa. Ban taɓa jin ihu irin na ranar a ɗakin nan ba, har da ranakun kofin duniya. Aka maimaita a hankali, aka sake maimaitawa, kyamara ta bi bayansa, ga sunan gidansu ɓaro-ɓaro a rigar: Onyekwelu.

Sai Baturen da ke sharhi ya ɗauki sunan ya tauna shi, ya fito da wani abu kamar "Oni-kiwalo".

Mama Ngozi ta miƙe ba tare da sanda ba. Ta nuna allo da yatsa.

"Kai! O-nye-kwe-lu! Sunan mijina ne, ka faɗe shi daidai!"

Baturen ya sake kwafsawa. Sai Bala ya juya ga bencina ya ɗaga hannu biyu kamar mai ba da waƙa, ɗakin gaba ɗaya ya ɗauka, Hausawa da Yarabawa da Inyamurai, ana buga benci: "O-nye-kwe-lu! O-nye-kwe-lu!" Masu shayin bakin titi suka shigo suna tambayar wa ya ci. Da yaron ya koma gefe ya cire hular kwano, kyamara ta tsaya a fuskarsa, ta cika allon nan tun daga sama har ƙasa, yana haki yana dariya. Mama ta koma ta zauna a hankali. Ta ce da matar da ta yi hamma ɗazu, "Kin ga goshin? Na babansu Obinna ne sak." Matar ta ce, "Na gani, Mama. Gobe kasuwa za ta ji."

Daga nan babu wanda ya ƙara waiwayar wasan Sifen. Aka buɗe kuloli, ana ci ana ihu, duk ɗakin ya zama na masu kore. Yaron ya ƙara shiga sau da dama, kowane shiga sai an rera sunan. Wasa ya yi kankankan har ƙarshe. Saura 'yan daƙiƙu, abokan gaba suka kawo wani siriri da bai yi karo da kowa ba tun da aka fara, ya daki ƙwallo da ƙafa ta bi ta tsakanin dogayen sanduna biyu. Aka busa. An fitar da su Chidi.

Bala ya ɗora hannu biyu a ka, idonsa ya yi ja kamar an ci ƙungiyarsa ta gado.

"Wannan zalunci ne, Malam Habu. Mutum ya wuni yana shan karo, wani da ko datti bai taɓa rigarsa ba ya zo ya ƙare magana? Shi ke nan sai baɗi?"

Na ce sai baɗi.

Mama Ngozi tana rufe kula. Ta kankare sauran shinkafar ta zuba a faranti, ta ɗora tsoka biyu a kai, ta miƙa masa.

"Ungo, ɗana, ci ka daina ɓata rai. Yaron nan ya kayar da mutum a gaban Fagge da Sabon Gari, kowa ya gani da idonsa. Su ci ko kada su ci, wannan kuma matsalar Amurka ce."

Bala ya karɓi farantin. Ya ci loma biyu, sannan ya tashi ya fita ya tayar da adaidaitarsa, ya ce babu wanda zai kai Mama gida sai shi.